Ƙasar Norwe: zama a gindin dutsen da ake jiran faɗowarsa

A yammacin ƙasar Norwe, can arewacin Turai, akwai wani dutse da ake kira Åknes, wanda ya yi tsaye bisa wani siririn hannun teku. Wajen metir 900 sama da ruwa akwai wata tsaga a jikinsa mai tsawon ɗaruruwan metir, kuma kowace shekara bakinta na ƙara buɗewa da ƴan santimetir. Masana ilimin ƙasa sun auna ɓangaren da ke motsi, sun ce yana iya kai metir kib miliyon 54. Domin mai karatu ya gane yawan abin, in kamiyo guda na ɗaukar metir kib 10 na tsakuwa, sai an yi lodi miliyon 5 da dubu 400 kafin a kwashe shi. Ranar da wannan ɓangare ya ɓalle gaba ɗaya ya afka cikin ruwa, lissafin injiniyoyi ya nuna igiyar ruwa za ta isa garin Hellesylt cikin minti 5, ta isa Geiranger cikin minti 10, kuma tana iya hawa tudu har metir 70 ko fiye.

Babu wanda bai san da wannan magana ba a yankin, daga magajin gari har ɗan makaranta. Duk da haka mutane ba su tashi ba. Otel-otel na karɓar baƙi, manyan jiragen ruwa ɗauke da dubban ƴan yawon buɗe ido na ratsawa ta gindin dutsen a kowane lokacin zafi, musamman tun da hukumar UNESCO ta sa Geiranger cikin jerin wuraren gadon duniya a shekarar 2005. Mai karatu na iya cewa wannan ganganci ne. Amma kafin ya yanke hukunci, ya kamata ya ji yadda wannan ƙasa ta samu siffarta, da irin tsadar da mutanenta suka biya kafin su koyi sauraren dutse.

Tsohon dutse mai jijiya

Duwatsun yammacin Norwe tsofaffi ne ƙwarai. Mafi yawansu wani nau'in dutse ne mai tauri da masana ke kira ginais, wanda a wurare da dama shekarunsa suka haura miliyon 1,600. Wajen shekara miliyon 400 da suka wuce, ƙasar da a yau ta zama arewacin Turai ta yi karo da wadda ta zama Amurka ta Arewa da Girinlan. Ɓawon duniya ya tattare, ya tashi ya zama jerin tsaunuka masu tsayi irin na Himalaya. Wasu duwatsun kuma aka danne su can ƙarƙashin ƙasa, inda zafi da nauyi suka lanƙwasa su, suka jera su falle-falle kamar takardun littafi. Daga baya iska da ruwa suka cinye tsaunukan, kuma wajen shekara miliyon 55 da suka wuce ƙasashen biyu suka rabu, arewacin tekun Atlantika ya buɗe tsakaninsu.

Wannan tsohon labari yana da hannu cikin haɗarin yau. Dutsen da aka lanƙwasa yana da jijiya kamar yadda itace ke da ita, kuma mai faskare ya san ta inda gatari ke shiga. Inda fallayen suka karkata zuwa cikin tsauni, gangaren na riƙe kansa. Inda kuwa suka karkata zuwa wajen ruwa, kamar yadda suke a Åknes, na sama na iya zamewa bisa na ƙasa.

Aikin ƙanƙara

Mu dai ƙanƙara iri biyu muka sani, wadda ke faɗowa tare da ruwan sama da wadda ake saye a kasuwa lokacin zafi. Wadda ake magana a kanta a nan daban take. A ƙasashen sanyi dusar ƙanƙara na zuba bisa tsaunuka, kuma inda zafin shekara bai isa ya narkar da ita duka ba, ta bana na hawa kan ta bara. Shekara bisa shekara nauyin ta sama na matse ta ƙasa har ta dunƙule ta yi tauri. In kaurinta ya kai gomman metir, sai ta fara malala a hankali zuwa gangare kamar zuma mai kauri. Wannan shi ake kira kogin ƙanƙara. Galibi tafiyarsa ba ta wuce ƴan santimetir zuwa ƴan metir a kwana, amma a ƙarƙashinsa yana ɓamɓaro duwatsu, ya riƙe su, ya riƙa goga su a jikin ƙasa kamar magagari a hannun maƙeri.

Tun wajen shekara miliyon 2 da dubu 600 da suka wuce, sanyi da ɗumi ke karɓa-karɓa a duniya, har sau gommai. Abin da ke tsara wannan juyi shi ne ƴan sauye-sauye a yadda duniya ke kewaya rana da yadda ta karkata, waɗanda ke rage ko ƙara hasken da arewa ke samu a lokacin zafi. Duk sa'ad da sanyi ya yi ƙarfi, ƙanƙara na rufe Norwe da Suwed da Finlan. A karo na ƙarshe, wajen shekara 20,000 da suka wuce, kaurinta ya kusa kilometir 3 a tsakiya, bakinta ya kai arewacin Jamus da Polan, kuma saboda yawan ruwan da ya daskare bisa doron ƙasa, teku ya sauka da wajen metir 120.

Kogunan ƙanƙarar da suka gangara yamma sun bi tsofaffin kwaruruka, suka yashe su, suka zurfafa gindinsu har ƙasa da matakin teku. Da ƙanƙarar ta janye, wajen shekara 11,000 da suka wuce, teku ya shigo ya cika su. Su ne ake kira fiyor, watau hannuwan teku masu tsawo da zurfi da suka kutsa cikin tsaunuka. Mafi girmansu a Norwe, Sognefjord, tsawonsa kilometir 205 ne, zurfinsa ya haura metir 1,300, alhali a bakinsa, inda ya haɗu da teku, zurfin bai wuce metir 200 ba, domin a nan ƙanƙara ta bazu, ƙarfin yasarta ya ragu. Bisa tsaunukan har yanzu akwai ƙanƙara, kuma filin Jostedalsbreen, mai faɗin wajen kilometir murabba'i 460, shi ne mafi girma a nahiyar Turai in an cire tsibirai.

Ba da wuri aka gane haka ba. A shekarar 1824 wani malamin ilimin duwatsu na jami'ar Kiristiyaniya, watau Oslo ta yau, mai suna Jens Esmark, ya rubuta cewa ƙanƙara ta taɓa rufe ƙasar har bakin teku. Hujjarsa wani dogon tudu ne na tsakuwa da manyan duwatsu da ya tare bakin wani tafki kusa da Lysefjord, wanda ya yi kama da tudun da ya gani a bakin kogunan ƙanƙara na kan tsaunuka. Sai bayan jawabin da Louis Agassiz na ƙasar Suwis ya yi a Neuchâtel a 1837 maganar zamanin ƙanƙara ta bazu, aka kuma yi shekaru ana gardama kafin masana su yarda.

Irin waɗannan alamomi ne aka tarar daga baya a Sahara. A tudun Jado, arewa maso gabashin Nijar, da kuma Tasili na Aljeriya, akwai duwatsu ɗauke da zanen gogar ƙanƙara ta wajen shekara miliyon 445 da suka wuce, lokacin da wannan ɓangare na Afirka yake kusa da ƙuryar kudu ta duniya. Tamu ƙanƙarar ta daɗe da tafiya, ƙasa ta zauna da gindinta. Ta Norwe kuwa, a ma'aunin tarihin duniya, jiya-jiya ta tashi, kuma ƙasar ba ta gama daidaita ba.

Abin da ta bari a baya

Abu na farko da ƙanƙara ta bari shi ne bangayen dutse masu tsayin metir 1,000 da ɗoriya, a tsaye bisa ruwa. Muddin ƙanƙara na cike da kwarin, ita ke tokare su. Da ta narke, sai ya zama kamar an cire tokara daga jikin katangar da ta karkata. Ruwan sama na shiga tsagogi, in ya daskare girmansa na ƙaruwa da kashi 9 cikin 100, ya ƙara buɗe su, wanda ya nitse can ciki kuma yana rage riƙon da fallayen dutsen ke yi wa juna. Bahaushe ya ce komai nisan jifa ƙasa zai faɗo. Da aka auna gindin Storfjord, babban fiyor ɗin da Åknes ke bisa wani reshensa, an tarar da tarkacen zaftarewar dutse fiye da 100 da suka auku tun bayan tafiyar ƙanƙara.

Abu na biyu shi ne tashin ƙasa. Nauyin ƙanƙara ya danne ɓawon duniya, kuma tun da aka sauke kayan yake ta tasowa a hankali. A yankin Oslo ana samun tsohuwar gaɓar teku wajen metir 220 sama da ta yau, kuma a mashigin Botniya, tsakanin Suwed da Finlan, ƙasa na ci gaba da tashi da kusan milimetir 9 a shekara. Ta haka yumɓun da ya kwanta a gindin teku ya zama gonaki da filayen gini. Gishirin teku ne ke riƙe da ƙwayoyin wannan yumɓu. Inda ruwan ƙarƙashin ƙasa ya wanke gishirin cikin dubban shekaru, yumɓun na nan da taurinsa a ido, amma da zarar an yi masa nauyi fiye da kima ko ƙorama ta ci gindinsa, sai ya narke ya zama kamar kunu. A Verdal, ranar 19 ga Mayu 1893, irin wannan yumɓu ya tafi da gonaki cikin dare, mutum 116 suka rasu. A Gjerdrum, arewa da Oslo, ya tafi da wani ɓangaren unguwa ranar 30 ga Disamba 2020, mutum 10 suka rasu, kuma kwamitin bincike ya ɗora alhakin abin bisa zaizayar wata ƙaramar ƙorama.

Abu na uku yana ƙarƙashin teku. Lakar da ƙanƙara ta kwaso daga tsaunuka ta jibge ta can nesa da gaɓa, a bakin gangaren da ke sauka zuwa zurfin teku. Wajen shekara 8,200 da suka wuce, kusan kilometir kib 3,000 na wannan laka ya zame a wurin da ake kira Storegga, ya tayar da igiyar ruwan da ta bar rairayi bisa tudu a gaɓar Norwe da Sikotland, har sama da metir 20 a tsibiran Shetland. Wannan tsohon tarihi ya shiga lissafin ƴan kasuwa a shekarar 1997, da aka gano iskar gas ta Ormen Lange a daidai inda lakar ta ɓalle. Kafin a zuba jari sai da aka yi shekaru ana binciken gangaren. Masana suka ce lakar da ke iya zamewa ta riga ta tafi, sai wani zamanin ƙanƙara ya sake tara wata, sannan aka fara fitar da gas a 2007.

Loen da Tafjord

Darasi mafi ɗaci dai daga bangayen dutse ya zo. Kusa da garin Loen akwai tafkin Lovatnet, wanda ƙanƙara ta haƙa, kuma bisa kansa akwai dutsen Ramnefjell mai tsayin kusan metir 1,500. A daren 15 ga Janairu 1905 wani ɓangaren dutsen ya ɓalle daga tsayin metir 500, ya kwaso tsakuwar da ke gindinsa, wajen metir kib 350,000 ya afka cikin tafkin. Igiyar ruwa mai tsayin metir 40 ta share ƙauyukan Bødal da Nesdal, mutum 61 suka rasu, mafi yawansu ba a ga gawarsu ba. Jirgin ruwan da ke jigila a tafkin, ruwa ya ɗauke shi ya ajiye shi bisa tudu, ɗaruruwan metir daga gaɓa.

Waɗanda suka tsira sun samu gudummawa daga ko'ina cikin ƙasar, suka sake gina gidajensu a ɗan sama da inda ruwa ya kai. A ganinsu abin da zai faɗo ya riga ya faɗo. Shekara 31 bayan haka, da asubahin 13 ga Satumba 1936, metir kib miliyon guda ya ɓalle daga tsayin metir 800 a jikin dutsen nan dai. A wannan karo ruwan ya hau metir 74, kwatankwacin bene mai hawa 24, ya tarar da sababbin gidajen, ya hallaka mutum 74. An yi lissafi da tsayin ruwan jiya, amma ba a yi lissafi da dutsen da ya rage a sama ba.

Tsakanin waɗannan masifu biyu an yi ta Tafjord, a wani reshen Storfjord, ba nisa da Åknes. Mutanen wurin sun daɗe da sanin wata tsaga a jikin dutsen Langhammaren, sun kuma ga tana ƙara buɗewa, amma babu mai aunawa, babu kuma hukumar da aikinta ne ta ce a tashi. Wajen ƙarfe 3 na daren 7 ga Afrilu 1934 dutsen ya faɗo daga tsayin metir 700. Ruwa ya hau metir 62 kusa da wurin, ya bi ta fiyor ɗin hagu da dama, ya kashe mutum 23 a Tafjord da 17 a Fjørå, suna barci. Cikin shekara 31 ke nan, masifu uku sun ci rayuka fiye da 170 a yanki guda mai ƙarancin jama'a.

Sauraren dutse

Abin da masana suka fahimta daga waɗannan masifu da makamantansu a tsaunukan Turai shi ne babban dutse ba ya faɗowa haka kwatsam. Yana yin shekaru yana jan jiki da ƴan santimetir, kuma in faɗowarsa ta kusa, saurinsa na ƙaruwa cikin makonni ko kwanaki, ƙananan duwatsu na ta zubowa. Ido ba ya ganin wannan sauyi da wuri, amma na'ura na gani.

A Åknes mutanen yankin ne suka fara kai kuka cewa tsagar da suka sani tun suna yara ta ƙara faɗi. A shekarun 1980 aka kafa ƙusoshin awo na farko a bakinta, kuma daga 2004 aka shiga babban aikin bincike da sa ido. A yau dutsen na cikin waɗanda aka fi aunawa a duniya. Akwai sandunan awo da aka gitta bisa tsagar, da hasken leza da rada da ke auna motsin gangaren daga nesa, da na'urorin da ke karɓar saƙon taurarin ɗan Adam. An kuma haƙa ramuka masu zurfin metir ɗari da ɗoriya, aka zura na'urorin da ke nuna inda dutsen ke zamewa da kuma matakin ruwan da ke cikinsa. Duk wannan bayani na isa cibiyar da ke garin Stranda, ƙarƙashin NVE, hukumar ruwa da makamashi ta ƙasar, inda ake da masu tsaro dare da rana. Matakan haɗari launi-launi ne, daga kore zuwa ja. In an kai ja, ƴan sanda ke ba da umurnin tashi, a sanar da jama'a ta jiniya da saƙon salula.

Ma'aikacin gwamnati zai so ya san yadda aka ɗaure wannan aiki da doka. Da farko, ganin haɗarin ya sa an hana sababbin gine-gine a bakin ruwa, abin da ya nemi ya kashe kasuwancin garuruwan, domin fili mai shimfiɗa a can bakin ruwa kaɗai yake. Sai aka gyara dokar gine-gine, aka ba da damar yin gini bisa sharaɗi: dole a samu tsarin sa ido da zai iya ba da gargaɗi aƙalla awa 72 kafin aukuwar abin, kuma a iya kwashe mutane duka cikin awa 12. Watau ƙasar ta yarda ta yi asarar gidaje da otel-otel in ranar ta zo, amma ba ta yarda ta yi asarar rai ba.

Haƙurin mutum 11

Wannan tsari an gwada shi a kwarin Romsdal, a gindin dutsen Mannen. Wani ƙaramin ɓangarensa da ake kira Veslemannen ya fara gudu a watan Oktoba 2014, hukuma ta ɗaga jan launi, aka kwashe mazauna gonakin da ke ƙasa, mutum 11, aka tsayar da jirgin ƙasan da ke bi ta kwarin. Ƴan jarida suka kafa kamara suna jira, amma da sanyi ya shigo, ruwan cikin tsagogin ya daskare, dutsen ya tsaya. A shekarun da suka biyo, duk sa'ad da aka yi ruwa mai yawa sai ya sake motsawa, a sake cewa a tashi. Sau 16 aka kwashe mutanen nan cikin shekara 5, manoma masu dabbobi a garke, kuma sau 15 suna dawowa su tarar da dutsen yana inda yake. An yi gunaguni, an yi wa masanan ba'a. Daga ƙarshe, da daren 5 ga Satumba 2019, bayan saurinsa ya kai wajen metir guda a kwana, Veslemannen ya faɗo, metir kib 54,000. Tarkacen bai kai gidajen ba, kuma babu wanda ya ji ciwo.

Wani zai ce ashe wahalar banza aka sha. Amma masu awon ba su da hanyar sanin inda tarkacen zai tsaya kafin ya tsaya, kuma wanda ya san labarin Loen ya san abin da kuskure ta ɗayan gefen ke jawowa. A nan ne wuyar aikin take. Na'ura ana sayenta da kuɗi, amma yardar jama'a su bar gidajensu a karo na 16 ba ta sayuwa, sai hukuma ta daɗe tana faɗa musu gaskiya, har da iyakar saninta.

A Åknes nauyin ya fi haka nesa ba kusa ba. Veslemannen bai wuce kashi ɗaya cikin dubu na abin da ke motsi a can ba, kuma waɗanda za a kwashe dubbai ne, a garuruwa da dama na bakin Storfjord, ban da baƙin da ke zuwa lokacin zafi. Ɗumamar yanayi ma ta ƙara wa lissafin wuya, domin yammacin Norwe na samun ruwan sama fiye da da, kuma ruwa shi ne ke tura dutsen. Don haka ne injiniyoyi ke nazarin yadda za a tsiyaye ruwan da ke cikinsa, ko a rage masa sauri.

Dutsen na iya faɗowa gutsure-gutsure, yana iya faɗowa gaba ɗaya, yana kuma iya kai wasu ɗaruruwan shekaru yana jan jiki. Mutanen Hellesylt da Geiranger sun zaɓi su zauna, bisa amanar cewa wanda ke tsaron na'ura a Stranda ba zai yi barci ba, kuma ranar da aka ce su tashi za su tashi. A 1934 mutanen Tafjord ma sun san da tsagar da ke bisa kansu, abin da suka rasa shi ne mai auna ta da mai ikon cewa a tashi.